Baƙon da Kawu Sahabi Ya Saukar a Kwamfutarsa

Ku da kuka zauna da Kawu Sahabi kun san ba ya taɓa inji bai gaishe shi ba. Tsohon babur ɗinsa, rediyonsa, keken ɗinkin matarsa Inna Kulu, kowanne da gaisuwar da yake samu da safe. Ya daɗe yana buga tafireta a ofishin gwamnati, tun suna Sakkwato har aka yi jiha aka dawo da su Birnin Kebbi, kuma ya sha rantsewa bai taɓa karya maɓalli ko ɗaya ba. In an yi masa dariya sai ya ce, "Injin da ba a gaida ba, shi ka cin yatsa." An ce in rubuta wani abu a kansa, tun da kowa ya san ban iya magana a taro ba. To, ga abin da ya faru tsakanina da shi da kwamfutarsa, a shekarata ta ƙarshe a kwaleji, ina zaune gidansa a unguwar Nassarawa.

Kwamfutar kyauta ce. Bayan ya yi ritaya, wani Bature injiniyan ruwa da ke aikin fadama a Argungu ya ɗauke shi buga rahotanni, da zai koma ƙasarsu ya bar masa ita. Ranar ɗauko ta, Kawu ya kama mata kujerar gaba a motar haya, ya lulluɓe ta da babbar rigarsa, shi kuma ya koma baya ya matsu tsakanin buhunan albasa. Direba ya roƙe shi ya dawo gaba ya riƙe ta a cinya, ai kujerar za ta ɗauke su. Kawu ya ƙi. Ya ce ita ba ta saba hanyar ba, shi kuwa shi da albasa sun san juna tun yana yaro. Kwana biyu gidan na warin albasa.

Matsalarta ɗaya ce. Kamfanin da ya ƙera ta daban yake da na kwamfutocin da suka cika ofisoshin gari, kuma babbar manhajar da ke tafiyar da ita ba irin tasu ba ce. Abin da aka yi don waɗancan ba ya aiki a kanta. Mutane da yawa sun ba shi shawara ya musanya ta da irin ta kowa. Amsarsa ba ta canzawa: wanda ya musanya kyauta ya zagi mai bayarwa a bayan idonsa.

Ni kuma aikin kammala karatuna a kan amfanin gonar shinkafar manoman Gulma ne, garinmu. Na bi gonaki na cika littafi biyu da awo. Sashenmu ya ce dole a yi lissafin da wata manhaja, wadda sai a irin kwamfutocin kowa take aiki, kuma duk wanda bai miƙa aikinsa ranar da aka yanke ba sai ya maimaita shekara. Kwamfutocin sashen 'yan kaɗan ne, mu kuwa muna da yawa. Nakan je da wuri in kama layi, wani ya zo ya ce minti biyar kawai zai yi, in matsa masa. Na yi mako guda ina matsawa. Saura kwana goma sha shida ban shigar da lamba ko ɗaya ba.

Wata malamarmu ce ta tausaya mini. Ta ba ni faifai, ta ce a cikinsa akwai manhajar da ke gina kwamfutar ƙarya a cikin ta gaske. Kwamfutar Kawu za ta buɗe taga, a cikin tagar tsarin wancan kamfanin zai tashi ya yi aikinsa, yana tsammanin a gidansu yake.

Sai da na rubuta bayanin a takarda na karanta sau uku kafin in tunkari Kawu. Ya saurara har ƙarshe, yana shafa gemu.

"Watau baƙo za ki saukar mata."

Na ce kusan haka ne. Ya tambayi ɗan wane ne baƙon. Na gaya masa gaskiya, cewa kamfanonin biyu ba sa ga maciji da juna. A zatona maganar ta mutu ke nan, sai na ga fuskarsa ta washe. Ya ce duk da yaƙin da kakanninsu suka gwabza, in dai mutumin Argungu na kwana Birnin Kebbi yanzu ya tashi da kansa a wuyansa, ba gabar da masauki ba ya kashewa. Ya sa Inna Kulu ta share ɗakin, ya canza hula, ya ja kujera ya zauna kusa da ni.

Komai ya tafi daidai har muka zo inda manhajar ke tambaya: nawa za a ɗiba daga ƙwaƙwalwar kwamfutar a ba baƙo? Akwai ɗan ma'auni da ake ja daga hagu zuwa dama. Malamata ta gargaɗe ni kada in wuce rabi, domin mai gida ne ke ɗauke da baƙon, in ya rasa abin aiki duk su biyun za su durƙushe. Na ja zuwa rabi. Kawu ya tambayi abin da nake yi, na bayyana.

Ya cire tabarau ya dube ni kamar na zubar da tuwo a gaban surukai. Ya ce tun da aka kafa gidan ubansa ba a taɓa raba akushi biyu da baƙo ba. Ya kira Inna Kulu shaida, ko ba ta sha kwana da ƙanzo ba don wani ya sauka. Inna daga tsakar gida ta ce ta sha, kuma har yau ba ta yafe ba.

Ya juyo gare ni, ya kira sunana: "Ja shi dama, Rabi. Har ƙarshe."

Na kama ma'aunin. Na ja.

Baƙo dai ya tashi. Na duba agogo na rubuta, don haka nake da komai: daga kunnawa zuwa bayyanar fuskarsa, Inna ta dama fura, mun sha, ta wanke ƙwarya. In na motsa linzamin kwamfutar, kibiyar da ke kan allo sai ta yi tunani kafin ta bi. In na buga lamba, sai in ninke hannu in jira ta fito. Kwamfutar kuwa tana ta gurnani a ciki kamar injin niƙa da aka cika wa gero jiƙaƙƙe.

Kawu bai ga aibu ba. Ya ce kunya ce, baƙon kirki ba ya rawar kai a gidan mutane. Har abokansa na masallaci ya riƙa kawowa su ga tarbiyya. Su tsaya su kalli kibiya tana rarrafe, su jinjina kai, wani ya ce lallai an san gidan da ya fito.

A kwana na biyar, da lissafina, na ga in aka ci gaba haka zan gama bayan an yi girbin wata shinkafar. Ranar da Kawu ya tafi ɗaurin aure Gwadangaji, na lallaɓa na mayar da ma'aunin rabi. Wayyo daɗi. Gona ashirin na shigar kafin la'asar. Ban ji tsayuwar babur ba, sai inuwarsa na gani a kan allon. Ya daɗe yana kallon kibiyar tana zirga-zirga.

"Wanga baƙo ya cika sauri yau," ya ce. "Mai yunwa ka irin wagga gaggawa. Wa ya rage mai abinci?"

Ban iya ƙarya ba, kuma ban iya gardama ba. Ya tsaya a kaina har na mayar.

Na shiga kicin na yi kukana a hankali. Inna Kulu ta bar ni na gama, sannan ta ce ita shekara arba'in ba ta taɓa kayar da Kawu da hujjarta ba, sai da tasa. Tana faɗa tana nuna zaure da muciya. A zauren akwai Manu, wanda duk kun sani, mai gyaran tarun kamun kifi da ya zo daga Argungu zai kwana biyu, ga shi a lokacin yana shekara ta tara a gidan, shi ke cefane, shi ke noman gonar da ke bayan gidan.

Na kwana biyu ina tattara ƙarfin hali. Saura kwana biyar a miƙa aiki, na sami Kawu bayan azahar yana goge babur. Na durƙusa, na tambaye shi kwana nawa Manu ya yi kafin a daina yanka masa kaza.

"Ukku. Haka sunna ta ce."

Na tambayi abin da aka yi masa a rana ta huɗu. Ya ce an miƙa masa hauya, ya sa hannu a akushin kowa, ya zama ɗan gida.

Na buɗe littafina na nuna masa ranar da muka saukar da na cikin kwamfuta. Na ce, "Kawu, yau kwanansa goma sha ɗaya."

Ya karɓi littafin ya ƙirga da yatsa, sau biyu. Manu daga zaure ya ce shi dai a bar sa sunansa a shari'ar da ba ta shafe shi ba. Kawu ya ajiye tsumma, ya shiga ɗaki, ya tsaya gaban kwamfutar ya yi mata sallama. Ya gaya wa baƙon, cikin ladabi, cewa an gode da ziyara, haƙƙinsa ya cika har da ƙari. Sannan ya juyo gare ni.

"Miƙa mai hauya."

Na ja ma'aunin zuwa rabi. Kawu ya ce in ƙara ragewa kaɗan, ai akwai bashin kwana takwas na zaman banza. Wannan karon na ce a'a, rabi ne daidai. Shi ne karo na farko da na ce masa a'a, kuma ya bar ni.

Kwana huɗun nan ban ɗaga kai ba. Ni ke lissafi a cikin tagar baƙo, in na tashi salla Kawu ya zauna ya buga mini rubutun da yatsunsa goma, yana gyara mini waƙafi yana mita. Ranar miƙawa ya hana ni hawa kabu-kabu, ya ce shi zai kai ni. Na shiga da aikina, aka karɓa, aka buga hatimi, na fito na same shi a gindin dogon yaro yana fifita da hula.

Na so in yi godiya mai tsawo, har na tsara ta. Abin da ya fito kawai shi ne, shekara huɗu ina cin tuwon gidansa, ko tsintsiya bai taɓa bari na ɗauka ba, yaushe ni za a miƙa mini hauyar?

Ya taka babur, bai dube ni ba.

"Ke kwana ukkunki ba su cika ba tukuna. Hau mu tahi."

Har ya rasu ba su cika ba. Yau ga shi shi ne ya sauka inda ba ya da kowa sai Mai gidan. Ya Allah, ga Sahabi nan ya zo maka baƙunci. Ka yalwata masa masauki, ka yafe masa kurakuransa, ka ba shi babban akushi, kada ka ƙirga masa kwanaki. Amin.