Tsaya-Tukuna Ya Wuce

Allah ne Ya ba mu aron ka, Shi ne kuma Ya karɓi abinSa. Da hantsin ranar Talata, sha takwas ga watan Maris, ina kwance ƙarƙashin mota ina ɗaure salansa, 'yarka ta fari ta kira ni a waya ta ce ka cika a asibiti, bayan ciwon ƙirjin nan da ka yi ta ce mana mura ce. Na ajiye wayar a kan cikina. Na daɗe a ƙarƙashin motar ban iya fitowa ba.

Ga wanda bai san ka ba, kai jagora ne, mai kai baƙi yawon buɗe ido a kan duwatsu. Ni ne direbanka tun ba mu da furfura. Yawonmu gajere ne: mu ɗauki baƙi a otal da safe, mu ratsa kasuwar gindin dutse, mu shiga kogon jemagu da tocila, mu hau ƙauyen da ke can sama, kafin rana ta faɗi mun mayar da su. Sunanka na yanka ya ɓace a bakin mutane, kowa Tsaya-Tukuna yake ce maka, domin ba ka buɗe baki sau biyu ba ka faɗi kalmar nan ba.

Na gan ka a kasuwa kana hana baƙo ya matse tsohuwa mai kwanduna a ciniki. Ka ce masa, “Tsaya tukuna, dubi yatsunta, sannan ka taya.” Na gan ka ka goyo wata dattijuwa daga bakin kogo har mota da ƙafarta ta gurɗe, tana ta ba ka haƙuri kana ta ba ta dariya. Tun a cikin mota kake koya wa baƙi gaisuwa, ba ka barin kowa ya ɗaga kyamara sai ya fara cewa sannu. Kuma ban taɓa ganin ka hau ƙauyen nan hannu biyu ba: yau gishiri, gobe allura da zare, jibi maganin ido na wani tsoho da ka ji yana ƙorafi.

Amma abin da ya raba ka da sauran jagorori shi ne ɓauren nan da ke ƙasan ƙauye. Nan kake zaunar da baƙi a inuwa, ka hau kai kaɗai, ka yi sallama a gidan farko, ka tambayi tsohuwar gidan ko yau suna son baƙi. In akwai mara lafiya, ko haihuwa, ko kuma kawai ransu ba ya son a kalle su, ta ce maka a'a. Sai ka sauko ka ce wa mutanen da suka biya kuɗinsu yau ba shiga, ka sha zagi, ka haɗiye. Daga ɓauren kuma akwai wata siririyar hanya da ta bi bayan dutse zuwa kogon ruwa, inda ƙauyen gaba ɗaya ke sha idan rani ya yi tsanani. Ka yi musu alkawarin ƙafar baƙo ba za ta taɓa zuwa can ba. Ka ga abin da ya faru da wani ƙauye a ƙetaren kwari, inda aka kai baƙi suka yi wanka da sabulu a ruwan shan mutane, suka rubuta sunayensu a bango, suka tafi.

Ka san halina, ni mutum ne mai zargi. Kai kanka ba ka tsira ba, don da farko cewa na yi mata ka ajiye a can sama shi ya sa kake hawa kai kaɗai. Kakan yi dariya ka ce, “Direba, kai ko inuwarka ta biyo ka sai ka tambaye ta wa ya aiko ta.” To, yau ba ka nan, bari in ba ka labarin abin da idona ya gani a zaman makokinka, ka gaya mini ko laifina ne.

Mai otal ya zo. Ka san shi, shekara da shekaru yana bin ka ka nuna masa hanyar kogon ruwa, yana son ya ɗauki hotonsa ya kafa a allon ƙofar otal, baƙi su riƙa zuwa iyo. Kullum ka ce masa ya tsaya tukuna, har ya daina amsa gaisuwarka. Sai ga shi a kan tabarmar makoki, ya fi 'yan'uwanka na jini share hawaye. Ya zo da safe, ya dawo da yamma, washegari ya aiko da buhunan abinci. Allah Ya ba shi lada in don Allah ya yi. Ni dai na san ruwa ba ya tsami banza, kuma na lura duk zaman da zai yi, kusa da ƙaninka, Autanku, yake zama.

Mutanen waje uku ne suka san hanyar kogon nan: kai, da ni, da Auta, wanda ka aika sau ɗaya ya kai wa ƙauyen bututun roba lokacin da gwiwarka ta kumbura. Auta kuwa ka fi ni sanin sa. Ga gemu har ƙirji, amma sana'ar da bai taɓa ba ita ce wadda bai ji labarinta ba, kuma babu wadda ta kwana biyu a hannunsa. Ba mugu ba ne, sai dai duk inda iska ta kaɗa nan yake. Ina zaune ina kallon mai otal yana dafa masa kafaɗa yana yi masa raɗa, na ce a raina, in ka ga kare yana shinshinar takalmi, ɗauka zai yi. Ban san maganar za ta faɗo kan takalmi na gaske ba.

Ba a tashi daga zaman makoki ba sai ga Auta da sababbin takalman hawan dutse, masu kaurin ƙasa da jan igiya, irin waɗanda kai ka yi ta sha'awa a ƙafar baƙi ba ka taɓa saya ba. Na ja shi gefe na ce, “Auta, wannan fa daga ina?” Ya sunkuyar da kai ya ce, “Yaya Direba, kyauta ce.” Na ce kyautar wa, ya ce kira ake yi masa a cikin gida. Raina ya ɓaci ƙwarai. Wanda ya ci ladan kuturu ai dole ya yi masa aski, kuma na san askin da ake nema.

Na je wurin maiɗakinka, na same ta a ɗakinku, jakarka ta tocila tana rataye a ƙusar da ka saba rataye ta. Ta ce mai otal ya yi mata alkawarin in Auta ya gaji aikinka a ƙarƙashin otal, shi zai riƙe karatun yaran. Ba ta ce ta yarda ba, ba ta ce ta ƙi ba, sai juya zoben hannunta take yi. Me zan ce wa mace mai marayu? Na fito, amma har ita zargina bai bari ba, Allah Ya yafe mini.

Da aka ce Auta zai ja baƙin otal zuwa sama, mai otal da kansa zai bi su da mai ɗaukar hoto, sai na ce ni zan tuƙa. Ba don ina son aikin ba, don in sa ido ne. A kasuwa Auta ya yi ta tuntuɓe da bayani, ya kira kwandon tsohuwa tabarma, a kogon jemagu ya manta bai gwada tocilolin ba sai da biyu suka mutu. Mai otal bai damu ba, sai duba agogo yake yi. Duk hanya ina tunanin abin da zan yi in suka karkata bayan dutse. Da wannan tumbin nawa da wannan gwiwar, iyakacina in zauna a tsakiyar hanya su tsallake ni.

Muka isa ɓaure. Mai otal ya riga ya juya fuska wajen siririyar hanyar, alamar an ba shi labarin inda take. Sai na ji an ce, “Ku tsaya tukuna.” Na waiga da sauri, domin muryarka ce sak, har da 'yar shaƙewar nan ta ƙarshe. Ashe Auta ne, ya hau shi kaɗai. Muka zauna a inuwa, mai otal yana ta kai da komo, ni kuwa ina cewa a raina wannan ma wasan kwaikwayo ne suka shirya don idon baƙi.

Ya daɗe kafin ya sauko, idanunsa sun yi ja. Ya ce, “Yau ba shiga. Makoki suke yi.”

Mai otal ya ce, “Makokin wa kuma?”

Auta ya ce, “Na yayana, Yallaɓai. Sun ji a kasuwa, amma tsohuwa ta ce ba su yarda ba sai wani daga gidanmu ya tsaya a ƙofarta ya faɗa. Yanzu na faɗa.”

Daga can sama muka fara jin kukan mata yana gangarowa. Kunya ta kama ni, domin duk cikinmu masu cewa muna ƙaunarka babu wanda ya tuna ya hau ya gaya musu. Mai otal ya rage murya ya ce ai ba ƙauyen ya kawo su ba, a bi ta baya a wuce kogon kawai. Auta ya zauna a kan saiwar ɓauren, ya kwance jan igiyar nan a hankali, ya cire takalman ya jera su a gabansa. Ya ce, “Ga su, Yallaɓai. Sun matse ni.” Da safa ya sauko dutsen, yana ɗingishi a kan tsakuwa, baƙi suna bin sa a baya.

Kada ka ce na shiryu, abokina. Takalman dai mai otal ne ya saya, a nan ban yi kuskure ba, kuma har yau ban san wa ya nuna masa bakin hanyar ba. Wani lokacin zuciyata takan ce ƙila Auta farashi yake son ɗagawa. An kuma gaya mini an ga mai otal a kasuwa yana sayen zuma fiye da ƙima a wurin masu hawa bayan dutsen, yana jan su da hira. Buhunan abinci sun daina zuwa gidanka, maganar karatun yara ta bi ruwa. Maiɗakinka dai ta sauke jakar tocila daga ƙusa ta miƙa wa Auta da hannunta, ni kuma na ce zan tuƙa shi kamar yadda na tuƙa ka, abin da muka samu mu raba da marayunka. Zan riƙa kallon ƙafarsa, ba zan ɓoye maka ba.

Ina miƙa ta'aziyyata ga maiɗakinka da 'ya'yanka, Allah Ya ba su haƙuri, Ya zama gatansu, Ya buɗa musu ta inda ba su zata ba. Ina yi wa Auta ta'aziyya, Allah Ya tsayar da ƙafarsa a inda ta tsaya ran nan, Ya kunyata zatona. Ina ta'aziyya ga tsohuwar gidan farko da dukan mutanen ƙauyen sama, waɗanda har yau suke shan ruwansu garau saboda kai.

Allah Ya jiƙan ka, Ya gafarta maka kurakuranka, Ya haskaka kabarinka fiye da yadda ka haskaka wa baƙi duhun kogo, Ya shayar da kai kamar yadda ka tsare wa bayinSa ruwan sha. Ka ƙare rayuwarka kana sallama a ƙofar mutane kana jiran izini. Ranar da ka isa ƙofar Aljanna, Allah Ya sa kada a ce maka tsaya tukuna.