Lallen Yaya Bilki a Bayana

Wata Asabar cikin damina, ina aji huɗu na firamare, Yaya Bilki ta kama ni a tsakar gidanmu na haya da ke bayan layin dogo a Agege, ta ce in tuɓe riga in tsaya kamar soja. Ruwa na ɗiga daga rufin kwano, maƙwabciyarmu Iya Tawa na suyar ƙosai, ni kuwa ina tsaye da zani a ƙugu. Yayata tana makarantar koyon aikin jinya, kuma jarrabawar sassan jiki ta taɓa kayar da ita. In ta sake faɗuwa, sallamarta za a yi.

Tsokoki ne suka hana ta sakat: kowace daga wane ƙashi ta taso, a jikin wanne ta maƙale. Karatun ya ƙi zama a kanta, sai ta mai da ni littafi. Da fari biro ta sa, amma alwala da gumin Legas suka riƙa goge shi kafin la'asar. Sai ta kwaɓa lallen Inna ta ɗiga mini a kafaɗa, da gwiwar hannu, da allon baya, ɗigo ɗaya mafari, biyu maƙura. Takan sa in lanƙwasa hannu, ta bi tsokar da yatsa tana rera sunayen Latin da muryar hadda. Ga ni da jin cakulkuli, ina motsawa sai ranƙwashi. "Ramammiya kawai, amma ƙashinki ya fi na littafi fitowa," haka take cewa.

Lalle kuwa ya kama ja wur. A makaranta aka ce ƙyanda ce, malama ta kore ni gida, ƙawayen carafkena suka watse. Na yi kuka har na gode Allah, na rantse na daina. Yaya ba ta yi faɗa ba. Ta zauna a bakin ƙofa da littafi a cinya, ta ƙura wa shafi ɗaya ido. Ban taɓa ganin ta tsorata ba sai ranar. Da ƙafata na je, na cire riga na tsaya a gabanta.

Ta ci jarrabawar, kuma cin ne ya raba mu, don aiki ya kai ta ƙasar waje, sai dai murya a waya. Yanzu 'yata na irin wannan karatun, tana juya hoton kwarangwal a waya da ɗan yatsa, ba ta neman bayan kowa. 'Yan yanzu sun fi mu samun sauƙi, ban musa ba. Amma wallahi ina kewar a buƙace ni haka.