Sumunin Maman Hadiza

Ba na jin zan taɓa mantawa da ranar da muka yi gato, kek ke nan, da 'yan ajina na CM1, wato aji biyar, a makarantarmu ta bayan Kasuwar Kilomita Biyar. Ku sababbin malamai kun san ciwon kan lissafin ɓangare: yaro zai rantse miki ɗaya bisa takwas ya fi ɗaya bisa huɗu, tunda takwas ta fi huɗu. Allo ya gaza, sai na nemi izinin Darakta, shugaban makarantar, mu auna kayan gato mu gasa.

"Malama Saude, kar dai ki ƙona mini makaranta," in ji shi. Daga baya shi ya fi kowa leƙen tukunya.

A ajin akwai Hadiza, wadda mahaifinta, mai sayar da yadi, ya rasu a farkon zangon. Tun da ta dawo ta yi shiru, damuwarta duk a kan mahaifiyarta da ke takaba. Na daɗe ina neman abin da zai sa ta buɗe baki.

Muka auna fulawa kofi biyu da rabi, sukari kwata uku. Yaran suna ta surutu da yaren Sango, ni ina jefa musu sunayen na Hausa don kar su ɓace: rabi, sulusi, kwata. Da na ce man girki kuma sumunin lita, sai hannun Hadiza ya tashi.

"Madam, na san shi! Shi aka ba Mama a gado. Ɗaya bisa takwas, shi ne babba."

Ashe da wannan take rarrashin kanta. Ga kofin awo a hannunta, ba halin in ɓoye mata. Ta zuba man, ya tsaya can ƙasa, bai ko kai layin kwata ba. Ta dubi kofin, idonta ya cika.

"Wannan ne kawai na Mama?"

Na durƙusa kusa da ita. Na san gidan; iyayen marigayin sun daɗe da rasuwa. Na ce, "'Yata, kashi takwas aka yi. Sauran bakwan ina suka tafi?" Ta girgiza kai. "Naku ne, ke da ƙannenki. Kuma a ɗakin wa kuke kwana?"

"Ɗakin Mama," ta ce a hankali.

Muka gasa gato biyar a tukunya mai yashi bisa gawayi, aka yanka kowanne gida takwas. Kafin in juya, yara sun lashe har yatsu. Hadiza kuwa ta naɗe nata a gefen hijabi. Na tsokane ta, na ce ko gaton Madam bai yi daɗi ba ne?

"Na Mama ne. Ta ce tana da ɗaya, in na ƙara mata nawa sun zama biyu bisa takwas. Kwata ke nan, ko Madam?"

Ban koya musu haɗa ɓangare da ɓangare ba tukuna, sai mako na gaba. Na ce haka ne, na juya ina gyara gawayi, don kar yara su ga Madam tana kuka.

Abin da na koya shi ne, mu lamba muke rubutawa a allo, amma yaro da gidansu yake shigowa aji. Tun ranar, kafin in ce wa yaro bai ci ba, sai na tambaye shi a ina ya fara jin kalmar.