Ruwan da Na Sha da Rana a Watan Azumi

Assalamu alaikum. Tsofaffin ɗalibaina da sauran masu leƙo ni a nan, kun ji ni shiru tun bara. Wasu har sun aiko suna tambaya ko Mushe, wato ni malaminku, ya rasu. Ban rasu ba. Jinya na yi, kuma ban san ta inda zan fara faɗa muku ba.

Da ciwon baya ya fara. Na ce tsufa ne, da shekarun tsayuwa gaban allo. Tun rasuwar matata ni kaɗai nake a gida, 'yata tana aure a Agadas, ba mai ce mini tashi mu je likita. Sai na riƙa sayen ƙwayoyin kashe ciwo wajen masu yawo da magani a tire, ina haɗiya safe da yamma.

Daga baya fitsarina ya soma kumfa kamar an kaɗa sabulu. Abinci ya fita raina. Wata safiya na yi tari, haƙarƙarina ya karye. Tari kawai.

Maƙwabci ya kai ni asibiti. Aka ɗebi jini, aka yi radiyo, wato hoton ƙashi, aka ba ni bido, wato jarka, na tara fitsarin yini da kwana. Aka soka allura a ƙashin ƙirjina aka zuƙo ɓargo. Wasu analiz ɗin, wato gwaje-gwajen, sai da aka aika Yamai. Kafin su dawo na sayar da gonata ta Gaffati.

Likitan yaro ne, bai fi sa'an 'yata ba. Ya ce, "Baba, sunansa miyelom. Kansa ce, wato ciwon daji na ɓargo."

Ya yi mini bayani a hankali. Ɓargo ne ke ƙera sojojin jini masu yaƙi da cuta. A wannan ciwo sai ya kama ƙera iri guda marar amfani, ba tsayawa. Wani majinyacin nasa irin IgG ne, shi ya fi yawa, wani IgA. Nawa ko cikakkun ba ya ƙerawa, sai guntaye, kuma su suka fi cin ƙoda, don suna toshe ƙananan hanyoyinta kamar yadda yashi ke toshe tiyo. Ƙwayoyin tiren nan sun ƙara musu ƙarfi.

Ya nuna mini ɗakin wankin ƙoda. Mutane kwance, roba a wuya, jininsu na zagaye cikin na'ura. Ya ce, "Ba na so in kai ka can. Za mu fara magani. Kai kuma aikinka ruwa. Ka sha, ka ƙara sha, muddin fitsari na fita. Azumin bana ba naka ba ne."

Azumi ya kama cikin zafin bazara. Tun ina yaro ban taɓa shan ko ɗaya ba.

Limanmu ya ce in ciyar, Allah Ya sauƙaƙe mini. Na sani, ni ma na karanta. Amma in na ɗaga moɗa da rana sai in ji yaran maƙwabta suna wasa, in ji mata na daka, kowa bakinsa a bushe, sai hannuna ya ƙi. Na rufe ƙofa da taga. Na daina zuwa ƙofar masallaci inda muke buɗa-baki da tsofaffi, don da wace fuska zan karɓi dabino?

Ga ni dai. Ban fita ba, ban yi azumi ba, ban kuma sha yadda aka ce ba.

Da na koma asibiti lambar gwajin jini mai nuna lalacewar ƙodar ta hau. Likita ya dube ni ya ce, "Baba, azumi kake?" Na ce, "Ba azumi nake ba, sha ne ba na iyawa." Ya ce idan ta ƙara hawa, sai roba.

Kwana biyu da haka aka doka mini ƙofa da hantsi. Lawali ne, taubashina, ɗan ƙanwar babana, ya taso daga Mirriya. 'Yata ce ta kira shi.

"Kai tsohon banza! An ce ka mutu, na zo rabon gado, ashe ɓuya kake kamar amarya."

Na ce, "Gadon me? Randa ce kawai ta rage."

"To ita na zo gani."

Ya buɗe taga, ya bar ƙofa a wangame. Ya cika moɗa ya miƙo mini, leɓɓansa duk sun tsage da ƙishi. Na ce ya bari sai an sha ruwa. Ya ce, "Wanda Ya ce in kame baki Shi ne Ya ce ka buɗe naka. Ka fi Shi sani ne, Mushe? Sha, ina kallo."

Na sha ina kuka. Ya ce, "Kar ka zubar ta ido, ta ƙasa ake so."

Bai koma gida ba sai bayan Salla. Kullum yana zaune da moɗa, yana zagina, yana cikawa. Da yamma ya riƙe ni mu je ƙofar masallaci. Ba wanda ya ce mini komai sai sannu.

A hankali lambar ta sauka. Ranar da likita ya ce, "Ba za mu sa robar ba," nan take na zauna a ƙasa na yi hamdala.

Ban warke sarai ba. Ciwon ya kwanta ne, ina kan magani, ƙodar kuma ba ta koma kamar da ba. Amma tana aiki da kanta. Alhamdu lillahi. Allah Ya saka wa likitana da masu jinya, da 'yata, da maƙwabcina, da wannan ja'irin na Mirriya.

Shawarata kaɗan ce. Ciwon bayan da ya ƙi tafiya, ku kai shi asibiti, ku bar ƙwayar tire. Fitsari mai kumfa ba abin kunya ba ne, ku faɗa. Wanda aka ce yana da miyelom ya tambayi wane iri ne nasa, a kuma riƙa duba ƙodarsa. In kuna da tsoho shi kaɗai a gida, kada ku tsaya ga waya, ku je ku gani da ido.

Likita ya ce da wuya in sake yin azumi. Don haka in kun gan ni da gorar ruwa da rana tsaka a watan, kada ku kau da kai don ku rufa mini asiri. Ku matso mu gaisa.