Takardar da Ta Yi Sati Uku a Aljihuna

Ba na jin zan taɓa manta wata ranar Asabar da na tafi wurin gwajin waƙa da niyyar wargaza ƙungiyarmu.

Mu huɗu ne, shekara shida muna kiɗa tare a Kafanchan. Mai ganga ɗan Ibo ne, mahaifinsa tsohon ma'aikacin reluwe. Shi ya fara kawo mana fayafayan wasu samarin Ingila masu kiɗan jita, waɗanda suke fitar da waƙoƙinsu da kansu ba tare da babban kamfani ba. Muka ce mu ma haka za mu yi, amma da Hausa da yarukanmu na gida. Ni ne mai waƙa, wata 'yar cocinmu tana piyano, wani abokina na makaranta yana jita. Mun yi wasa har Sabon Tasha, kuma mun yi alkawari babu mai barin wani.

Sai aka ba ni aikin koyarwa a Fadan Kaje. Ina son aikin, kuma abin da na kasa faɗa wa kowa shi ne kiɗan ya ishe ni. Sati uku takardar ɗaukata aikin tana aljihuna. Ko abinci ba na jin daɗinsa, don gani nake in na tafi na kashe musu rayuwa.

Ranar muka haɗu a ɗakin baya na gidan su mai ganga. Muka buga waƙa ɗaya, ba ta yi daɗi ba. Na miƙe na karanta musu takardar.

Sai mai piyano ta ce, "Ɗan'uwana, Allah ya yi maka albarka. Sau biyu ina samun gurbi a makarantar koyon aikin nas, ina ƙin tafiya saboda kai."

Mai ganga ya ajiye sandunansa yana dariya. "Ni fa tun bara hannuna ke ciwo. Na ɗauka in na daina, kai ne za ka kwanta asibiti."

Ban san lokacin da na zauna a ƙasa ba. Numfashi na ja kamar wanda aka sauke wa buhun citta daga ka.

Mai jita ne kaɗai bai yi dariya ba. Ya ce, "Na sani tuntuni. Gara ku tafi da ku riƙa zuwa kamar masu zaman makoki. Ni dai zan ci gaba." Ya kuwa ci gaba, yau a Kaduna yake kiɗa. Maganarsa ta ɗan yi mini zafi, amma gaskiya ce.

Daga ranar na koyi in riƙa tambayar mutum abin da yake so da bakinsa, kafin in fara shan wahala dominsa.