Shekara Goma Sha Ɗayan da Aka Ce Yaya Buhari Bai Yi Ba

Yau shekara shida ke nan da muka rasa Yaya Buhari a Gwandu, amma har yanzu shari'arsa tana gaban kotu. Shi ne babban wana, uwa ɗaya uba ɗaya, kuma malamin dabbobi ne na gwamnati. Da keke ya fara zagaya rugage, daga baya ya samu babur, akwatin allurar rigakafi ɗaure a bayansa. Daga Masama har Wurogauri babu makiyayin da bai san shi ba.

A matsayin ma'aikacin wucin gadi aka ɗauke shi, aka ce ya yi haƙuri, takardar tabbatarwa tana tafe. Sai bayan shekara goma sha ɗaya ta iso. Bai taɓa ƙorafi ba, tunda albashi na fita, aikin kuma iri ɗaya ne da na sauran.

Da lokacin ritayarsa ya yi, aka ce masa waɗannan shekarun ba su shiga lissafi. Aka ƙara da cewa jami'in da ya sa hannu a takardar ba shi da hurumin sawa, don haka babu fansho babu garatuti sai an warware. Jami'in kuwa ya daɗe da rasuwa. Yaya ba mutumin rigima ba ne. Kusan shekara biyu yana zarya a ofis kafin abokan aikinsa su shawo kansa ya kai ƙara.

Ina kotun ranar da Ardo Manu na Wurogauri ya zo ba da shaida. Dattijon ya faɗi yadda Yaya ya yi mako uku a rugarsu shekarar da ciwon huhu ya shiga shanu, tun kafin a tabbatar da Yaya a aiki. Lauyan gwamnati ya tambaye shi ko yana da takardar da ke nuna haka.

"Takarda ban da ita," in ji Ardo. "Amma shanun da ya yi ma allura, jikokinsu na nan garke. A zo a gani."

Aka yi dariya a kotun. Na waiga na ga Yaya bai yi ba.

Alƙali ya ba shi gaskiya. Matarsa, Yaya Saratu, ta dafa shinkafa ta raba wa maƙwabta. Ba a yi wata ba takardar ɗaukaka ƙara ta zo daga gwamnati. Daga nan hawan jini ya kama shi, ɓarin jikinsa ya shanye, aka sayar da babur aka sayi magani. Wata la'asar ina gyara masa matashi, ya riƙe hannuna da hannunsa mai lafiya.

"Hadiza, in ban yi aiki ba, to ina nike duk shekarun nan?"

Na ƙarasa gyara masa matashin. Bayan kwana tara Allah ya karɓi abinsa.

Nakan tambayi kaina abin da zai ce da ya ga yau. Ni unguwarzoma ce a wani ƙaramin asibiti a ƙasar Kalgo, saura shekara biyu in yi ritaya. Kwanan baya aka liƙa sunaye a allon sanarwa, wai duk wanda ya fara da wucin gadi ya kawo takardarsa ta farko, ainihinta, ba kwafi ba. Sunana na ciki. Shekara bakwai na yi a haka. Lauyanmu ya bayyana mini cewa hukuncin da za a yanke a kan Yaya shi zai bi ta kan duk masu irin matsalarsa. Yanzu abokan aikina, waɗanda a da ba su taɓa tambayata labarin shari'ar ba, sukan ja ni gefe su tambaya cikin ƙaramar murya. Ɗaya ta dakatar da ginin da ta fara. Wani direban asibitinmu da gara ta cinye masa takarda ya daina hira da kowa. Ina jin da Yaya na raye, ba nasa haƙƙin zai fi damunsa ba, sai ganin yawan mutanen da ke rataye da sunansa.

Abin da ya bari ba shi da yawa, amma na gaske ne. Ardo Manu ya rasu, sai dai 'ya'yansa ba su fasa aiko wa Yaya Saratu nono da man shanu ba, duk da ba wanda ya ɗora musu. Wannan shaidar ba ta buƙatar sa hannun kowa. Allah ya jiƙan Yaya, ya sa can ba a ɓatar masa da rana ko ɗaya.

Ɗaya abin da ya bari ita ce shari'ar. Bayan rasuwarsa aka sa Yaya Saratu a madadinsa. Yanzu ƙafa ta hana ta hawa mota, bana ma sau biyu tana kwanciya asibiti. Makon jiya lauya ya kira ni ya ce an sake ɗage zama. Ya yi ta kewaye-kewaye, sannan ya ce gara a shirya tun yanzu wanda zai tsaya a madadinta in ta Allah ta kasance. Na ce ya rubuta sunana. Na ji yana rubutawa.

"Hajiya, ki yi haƙuri," ya ce. "Bayan ke fa, wa za mu sa?"