Salamatu Mai Sharar Jirgi da Bencinanta

Duk safiyar Allah, Gwaggo Salamatu kan hau mashin daga Kalgo zuwa filin jirgin Ambursa. Tana tsaye da bokiti da tsumma har fasinjoji su gama sauka, sannan ta shiga ta kwashe abin da suka bari. Shekara ashirin da biyu ke nan tana wannan aiki, tun tana filin jirgin Sakkwato. Ƙarshen watan nan za ta ajiye shi, ni kuwa hankalina a tashe yake, don ban ga wanda ya koyi abin da ta sani ba.

Ba jirgin kamfanin da ba ta san cikinsa ba. Ƙaramin mai farfela, da ƙirar Boyin mai hanya ɗaya da kujeru uku-uku, da ƙirar Eyabas mai kujeru biyu-huɗu-biyu, har babban mai bene da inji huɗu. Daga nesa take gane su. Idan lokacin Hajji ya matso, sai ta jera bencina a tsakar gidanta yadda kujerun jirgi suke, ta tara tsofaffin matan ƙauye ta koya musu ɗaura bel da neman ban-ɗaki. Har tsohon ƙyaure ta sa kafinta ya raba mata biyu, yana naɗewa kamar na ban-ɗakin jirgi. Ba wanda ya sa ta.

Bara na kai mata mahaifiyata, Inna Hadijatu, daga Maruda. Inna tana da ciwon suga, idan ta sha magani ba ta ci ba sai ta faɗi. Amma wata maƙwabciya ta ba ta labarin yadda ta kasa kulle ban-ɗakin jirgi, wani namiji ya buɗe mata ƙofa. Shi ke nan Inna ta ce ko ruwa ba za ta kai baki ba daga sansanin alhazai har Madina. Na yi lallashi, na yi faɗa, na yi kuka. Ta ce, "Gara in mutu da yunwa da in tsufa da wannan kunya."

Kwana uku Gwaggo Salamatu ta yi da ita a kan bencinan da ta jera kamar jirgi mai bene, don shi aka ce zai ɗauke su. Inna ta haddace layinta da hanyar ban-ɗaki, ta yarda za ta ci abinci.

Ranar tafiya muna sansani tare da Gwaggo da hantsi sai jirgi ya wuce ta kanmu zai sauka. Mutane suna ta murna. Gwaggo ta ɗaga kai, sai na ga fuskarta ta canja.

"Ɗiyata, inji biyu gare shi, kuma ba bene. An canja musu jirgi."

Inna ta ji. A hankali ta rufe kwanon tuwon da ke gabanta ta ture shi gefe, ga shi ta riga ta sha maganin safe. Wa zai lura da ita a sama idan ta sume?

Gwaggo ta miƙe. Ta shiga jawo bencinan sansanin da hannunta, biyu nan, huɗu a tsakiya, biyu can. Wani jami'i ya taso yana faɗa, ta ce masa, "Malam Isa, ko ka kama mini ko ka ba ni wuri." Ya kama mata. Ta riƙe hannun Inna ta bi da ita tsakanin bencinan sau biyar tana cewa, "Yaya, ga wurin zamanki, ga inda za ki bi zuwa ban-ɗaki. Ki tura tsakiyar ƙofa, ki ja sakata har fitila ta ƙara haske. In ta yi haske, ko matuƙin bai isa ya buɗe ba sai ya nemi izini." Inna ta yi murmushi. Can ta ce a miƙo mata kwanon.

Ke ce, Gwaggo Salamatu, kika kai uwata Madina da ƙafafunta. Ke ce kika gane cewa kunya tana iya kayar da tsohuwa, alhali mu masu ilimi muna ta yi mata dariya. Na gode, Allah ya saka miki da alheri. Ku kuma ma'aikatan filin jirgi, don Allah wani ya je Kalgo ya koyi jera bencinan nan kafin watan ya ƙare.

Da Inna ta dawo, ta kai wa Gwaggo dabino da zamzam, tana ba ta labarin yadda ta ja sakata fitila ta kama. Gwaggo ta gama saurara, ta matso kusa ta rage murya.

"Yaya, faɗa mini, in ya bar ƙasa, yaya ake ji?"

Sai a lokacin na sani. Duk jiragen nan da ta share, ba wanda ya taɓa tashi da ita a ciki.